Yammacin da Abba Ya Kulle

Sallama gare ku, jama'ar da kuka hana wayata sakat tun makon jiya. Duk na ga saƙonninku. Wata baiwar Allah har cewa ta yi in daina ja mata rai, in faɗa mata ko Mai Wando ya turo manyansa ko bai turo ba. 'Yar uwa, bai turo ba, kuma yau za ki ji dalili. Sababbin zuwa ku matso kusa, dole in ɗan koma baya, don wanda bai san gidanmu ba zai ɗauka ƙarya nake shararawa.

A garinmu zuri'a biyu ce ke taɓa lokaci. Akwai mu, masu kulle. Muna da kwaɗon ƙofa na gado, in aka datse ɗaki da shi lokaci ya tsaya cak a ciki, sai an buɗe ya ci gaba daga inda ya tsaya. Akwai kuma masu warwara, su da zare suke aiki, su ja yini guda baya kamar mai warware saƙa, a sake shi tun daga safiya. Tun kaka da kakanni ba ma ga maciji da juna. Su ce mana ɓarayi, mu ce musu mahaukata, kuma tsakani da Allah kowa ya faɗi daidai. Goggo tana da labarin wata Talata da aka yi ta maimaitawa don kawai wani babbansu ya zame ya faɗi a gaban jama'a, shi kuma ya rantse sai ya wuce wurin nan a tsaye. Sauran mutanen gari ba sa tuna komai, sai dai su tashi da gajiyar da ba su san mafarinta ba. Mu da su ne kaɗai muke tunawa.

Namu laifin ya fi nasu shiru. Lokacin da aka hana shiga ɗaki ba ɓacewa yake yi ba, kan na kusa yake zuba. A layinmu madara ba ta kwana, ayaba ta nuna da safe ta ruɓe kafin yamma, fentin gida ya koɗe tun mai fentin bai manta hanya ba. Maƙwabta suna ta zagin masu kanti da masu fenti, mu kuma mu sunkuyar da kai mu taya su zagin.

To a bana, bayan an sha zama ana tashi baram-baram, dattawan ɓangarorin biyu suka sa hannu a yarjejeniya. Masu warwara za su ƙone zarensu. Masu kulle za su buɗe kowane ɗaki su miƙa kwaɗon kafin ƙarshen wata. Kowane gida sai mutumin ɗaya ɓangaren ya shiga ya gani da idonsa ya shaida. In aka kama shaida ɗaya da ƙarya, yarjejeniya ta rushe, kowa ya koma gidan jiya. Ɓangarorin biyu suka yi ta murna. Gidanmu kuwa ranar ko tukunya ba a ɗora ba, domin a ɗakin da ke ƙarshen barandarmu Ummata ce a ciki.

Ina ajin farko na sakandare abin ya faru. Ina makaranta likita ya ja Abba gefe ya ce masa Umma ba za ta ga safiya ba. Abba bai yi gardama ba. Ya ɗauko ta ya kawo ta gida, ya kwantar da ita a gadonta, ya haɗa mata shayi, ya fito ya datse kwaɗo. Na dawo da jakata a baya ina ƙwala mata kira tun daga bakin ƙofa kamar kullum, na tarar da shi zaune a ƙasa ya jingina da ƙofarta.

Kafin nan gidanmu gidan hayaniya ne. Umma tela ce, kekenta yana falo gefen taga, da ƙararsa muke tashi. Kullum da allurai a bakinta, a haka take faɗa, a haka take dariya, har yau ban san yadda ba ta taɓa haɗiye ko ɗaya ba. In ta ɗinka min riga sai ta bar ninki mai yawa a ƙasa, wai ina tsawo kamar ana ja na, ba za ta yi aikin banza ba. Na tsani rigunan nan, kullum ina yawo kamar na aro ta wata babba. Waƙa kuma ba ta iya ba ko kaɗan, amma in rediyo ya saki wadda take so sai ta taka keke daidai da kiɗan, Abba ya leƙo ya ce a tausaya wa maƙwabta. Takan zaunar da ni tsakanin ƙafafunta ta yi min kitso, in na motsa ta ɗan ja min kunne, in na yi kuka ta sa min alewa a baki ta ci gaba. Ina kewar jan kunnen nan fiye da yadda zan iya gaya muku.

Duk ƙarshen mako Abba yana shiga wurinta. Sai ya shafa wa gemunsa baƙin rini, ya sa shuɗin kaftanin da ke jikinsa a ranar, don kada ta ga wani canji. Ƙa'idar ita ce ba a rufe ƙofa da mai ziyara a ciki, in an rufe shi ma ya tsaya tare da ɗakin. Ƙofa a buɗe kuma tana nufin lokaci yana shiga, abin da ya rage wa Umma yana raguwa. Shi ya sa Abba ba ya wuce kurɓin shayi biyu. Yaya, wana, yana tsaye a waje da agogo, da ya ƙwanƙwasa bango Abba zai ce mata bari ya ɗauko abu, ya fito ya datse.

Ni ba a taɓa barina na shiga ba. Da farko Abba ya ce zan yi kuka ta gane. Daga baya kuma na yi tsawo, kayan makarantar suka daina shigata, ya ce yanzu ai ya zama dole in haƙura. Kwaɗon ba ya buƙatar makulli, hannun jinin gidan kawai yake so, saboda haka ba ƙarfe ne ya hana ni ba, maganar Abba ce. Nakan laɓe a baranda in ji muryarta.

"Abbansu, har yanzu Auta ba ta dawo daga makaranta ba?"

"Yanzu za ta shigo."

Shekara goma sha wani abu ke nan ina kan hanyar dawowa daga makaranta.

Keken Umma ni na gaje shi. Yana shagona yanzu, a jerin shagunan da ke kallon tashar mota, tsakanin mai gyaran waya da mai sayar da labule. Shuɗin kaftanin na asali ya daɗe da mutuwa, ni nake ɗinka wa Abba madadinsa, kuma kowane sabo sai na rage masa kafaɗa. Ɗakina bango ɗaya ne da na Umma, don haka tun ban kai ashirin ba furfura ta fito min a gefen kai. Kullum ɗankwalina a ɗaure yake har goshi, ƙawayena suna ce min ustaziya.

A shagon nan Mai Wando ya same ni. Gyaran wutar lantarki yake yi, dogo ne siriri, kullum da abin gwada wuta a aljihun gaba. Ya kawo wando a rage masa tsawo, na rage. Bayan kwana biyu ya kawo wani. Da ya kawo na uku na auna na ga lafiyarsa ƙalau, na ce, "Malam, in na ƙara rage maka wando sai dai ka koma makarantar firamare." Ya yi dariya har ya buge kai da fankar bango. Daga ranar sunan ya bi shi, haka ma na ajiye shi a wayata. Sai da muka yi nisa, so ya riga ya yi min illa, wata rana ɗankwalina ya zame ya ga furfurar. Ya daɗe yana kallo, sannan ya ce a hankali, "Gidanku akwai kwaɗo." Ɗan masu warwara ne kaɗai zai gane haka da kallo ɗaya. Na kore shi, na yi mako ba na ɗaga wayarsa, sannan na ɗaga.

Yanzu ku ji inda aka kwana. Da aka raba wa shaidu unguwanni, layinmu ya faɗo hannun Mai Wando.

Goggo, yayar Abba, ta dira gidanmu da sassafe da mayafinta ruwan ƙasa da jakar nan tata da ba ta rabo da ita. Ta zaɓi kujerar da ta fi laushi ta zauna. Yaya yana tsaye jikin firij da kayan aikinsa. Abba yana gefe a kan tabarma da ɗan kwanon rininsa, yana damawa da tsinke, duk da ba ranar shiga ba ce.

"Ke Auta, zo nan," in ji Goggo. "An ce yaron nan naki shi aka ba layin nan?"

"Haka na ji, Goggo."

"Haka kika ji! Ji min yarinya. Kullum waya a kunne kamar an liƙa miki, amma haka kika ji. To saurara. Abu ne mai sauƙi. Ya shigo, a ba shi ruwa, ya leƙa ɗaki ɗaya biyu, ya fita ya ce bai ga komai ba. In dai yana sonki wannan ai ba wani abu ba ne. Maza sun yi abin da ya fi haka a kan matan da ba su kama ƙafarki ba."

"Goggo, rantsuwa fa suka yi."

"Ke kuma uwarki ce a ɗakin."

Yaya ya ce, "Goggo, in aka gane, yarjejeniyar gaba ɗaya..."

"Rufe min baki, da kai nake? Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Waɗanda suka sa hannun wa suke da shi a kulle? Kuma da ma sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Da wannan ba ta kwaso mana ɗan masu warwara ba, wa ya san da mu?"

Na so in ce mata ayabar layin nan kaɗai ta isa ta tona mu, amma na haɗiye. Duk wannan abin Abba bai ɗago ba. Sai da Goggo ta gaji ta nemi ruwa sannan ya ajiye tsinken.

"Auta."

"Na'am, Abba."

"Ban taɓa hana ki abin da kike so ba. Yaron nan ban ji wani mugun abu a kansa ba. Amma ki gaya masa, ƙafar da ta shigo gidan nan ta sa aka buɗe ɗakin can, ba za ta sake shigowa neman aure ba."

Bai ɗaga murya ba, kuma da ya ɗaga da ya fi min sauƙi. Na shige ɗaki na ɗauki waya.

Ni: Kana ina?

Shi: Kan tsani. In na faɗo ke ce.

Ni: Goggo ta zo.

Shi: Na sauko.

Ni: Ba wasa nake ba. Sun ce ka shiga ka ce ba ka ga komai ba.

Ya fara rubutu ya goge, ya fara ya goge. Ina kallon ɗigon nan uku kamar in fasa wayar.

Shi: Ki je shago. Ga ni nan zuwa.

Ya same ni ina ta taka keke ba zare a allura. Ya jawo kujerar masu jiran ɗinki ya zauna, ya ture tarin yadin da ke tsakaninmu. Ranar ba barkwanci a fuskarsa.

"Ban taɓa ba ki labarin rasuwar babana ba," ya ce.

"Ka ce haɗarin mota ne."

"Na farko ke nan. Yayyena suka ɗauko zare suka warware yinin, suka hana shi fita. Ya zame a banɗaki. Suka sake warwarewa, suka zaunar da shi a falo suka kewaye shi, ana hira ya dafe ƙirji. Kin san mu muna tunawa. Kowace safiya in tashi in ji shi yana tari yana neman silifas ɗinsa, in san kafin yamma za a lulluɓe shi. Ban san sau nawa ba, na daina ƙirgawa. Ranar ƙarshe shi da kansa ya karɓe zaren daga hannun babban yayanmu ya ce, ku ƙyale ni haka, kun gajiyar da ni." Ya murza idonsa da bayan hannu. "Ranar da aka ƙone zaren gidanmu ni na kunna ashanar."

Mai labule ta leƙo aron almakashi, ta ga fuskokinmu ta koma.

"Ba zan yi ƙarya ba, Auta. Kuma ba zan taɓa ƙofar ba. Zan tsaya a baranda in jira Abba ya buɗe da hannunsa. In bai buɗe ba zan faɗi abin da na gani."

"Ko da za ka rasa ni?"

"Kada ki tambaye ni wannan."

"Na riga na tambaya."

Ya sunkuyar da kai. Na ji haushinsa ya cika min ciki, na ji kuma da ya ce zai yi ƙaryar da ya zube a idona. Gaba kura, baya siyaki. Da ya ɗago, tambaya ya yi min maimakon amsa.

"Abba yana so a bar ƙofar a rufe. Dattawa suna so a buɗe. Ita Umman me take so?"

Shekara da shekaru ana shawara a kan ɗakin nan, da Goggo da Yaya da dangin da ba su taɓa kawo mana ko sabulu ba, amma ba wanda ya taɓa tambayar matar da ke ciki.

Bari in gaya muku abin da ban gaya wa kowa ba, ku yi min hukuncin da kuka ga dama. Tun ranar da na ji labarin yarjejeniyar nan wani ɓangare na zuciyata murna yake yi. Ba don Mai Wando ba, ba don furfura ba. So nake uwata ta gan ni. So nake ta ga na iya ɗinki, ta ga tsawon da ta yi ta bar wa ninki ya zo. Na san abin da buɗe ƙofar yake nufi, na san shi sarai, amma duk da haka ina so, kuma ina jin kunyar son.

Washegari da yamma Abba ya tafi taron masu kulle, Yaya yana wurin aiki. Na rufe shago da wuri na dawo. Na jawo akwatin ƙarƙashin gado na ciro kayan makarantar nan, farar riga da shuɗin siket, suna warin kafur. Na kara rigar a jikina a gaban madubi, ko rabin ƙirjina ba ta rufe ba, na yi dariya har hawaye ya zo. Na mayar da su. Na sa doguwar rigata koriya mai duhu wadda na ɗinka da hannuna, mai ƙananan maɓallai a hannu, na ɗaura ɗankwali har goshi. Na shafa hoda na goge, na sake shafawa. Na tura wa Mai Wando saƙo cewa zan shiga, na ajiye wayar a kan gado ban jira amsa ba.

Kwaɗon yana da sanyi. Ina taɓa shi ya buɗe, ko gardama bai yi ba.

Ƙamshin ne ya fara duka na, man zafi da turaren nan nata mai arha da aka daina sayarwa tuntuni. Rediyo yana kan durowa yana tsakiyar wata tsohuwar waƙa. Labule mai furanni ja, wanda na manta da shi sam. Rana ta shigo ta taga ta kwanta a kan matashinta. Kofin shayi yana kan kujera yana tururi. A ƙarshen gado ga kwandon ɗinkinta, da wata 'yar riga ruwan hoda da ba a sa wa hannu ba, allurai a jiki, ninki mai yawa a ƙasa.

Ita kuma tana kwance ta ba ƙofa gefe. A raina Umma babbar mace ce, mai cika ɗaki. Wadda na gani 'yar ƙarama ce, ramammiya, gashinta baƙi wuluk, ba ta fi ni da wasu shekaru masu yawa ba.

Ta juyo. "Sannu, baiwar Allah, wa kike..."

Ta tsaya. Ta dube ni daga ɗankwali har ƙafa, ta sake dawowa sama.

"Auta?"

Duk maganar da na shirya ta gudu. Na durƙusa a gaban gadon na ce, "Umma, na dawo," sai kuka ya ƙwace min, irin kukan da Abba ya yi ta tsoro.

"To, to, ya isa. Matso in gan ki. Kai, wannan tsawo! Ban faɗa ba?" Ta kama hannun rigata ta juya bakin ta duba ɗinkin ta ciki, kamar yadda take yi wa kayan kowa. "Wa ya yi miki?"

"Ni ce. Da kekenki."

"Ba laifi. Kina jan zare da yawa, amma ba laifi." Ta kai hannu ta ture ɗankwalina baya, don ba ta taɓa son a rufe goshi ba. Yatsunta suka tsaya a kan furfurar. Umma ba jinin masu kulle ba ce, aure ya kawo ta, amma ta zauna da su ta san kan abin. Ta kalli bangon da ke tsakanin ɗakinta da nawa, ta kalle ni.

"Har yanzu a nan kike kwana?"

Na gyaɗa kai.

"Ashe a kanki yake zuba." Ta rufe ido. "Allah sarki, Abbanku."

"Umma, kin sani?"

"Ke ma dai. Mutum ya ce min bari ya ɗauko abu, ya dawo wuyansa ya saki. Ya sake fita ya dawo haƙori ɗaya babu. Ga gemu baƙi ƙirin kamar an tsoma a tawada, ga warin rini ya cika min ɗaki. Ciwo nake yi, ba hauka ba. Na ga yana jin daɗi ne in ya ga kamar na yarda, na ce bari in bar shi. Ni kuma ina jiran ki shigo. Na ɗauka wata biyar ne, ko shekara." Ta sake shafa gefen kaina. "Ban ɗauka ya kai haka ba."

Na gaya mata komai a gurguje, yarjejeniyar, ƙarshen wata, shaidar da za a turo. Tana ji tana gyaɗa kai kamar ana ba ta labarin farashin yadi.

"Bar wannan. Kin yi aure?"

"A'a."

"Akwai wani?"

Na sunkuyar da kai. Da girmana da furfurata, kunya ta kama ni kamar 'yar aji ɗaya.

"Akwai ke nan. Ɗan wane gida?"

"Umma... ɗan masu warwara ne. Shi ne ma shaidar."

Ta fashe da dariya har tari ya sarƙe ta, na tallafo ta na ba ta shayin. "Goggonki tana raye?"

"Tana nan."

"To kin gama da ita." Ta goge ido. "Yana da kirki?"

"Ya ƙi yin ƙarya ko don ni."

"Ba shi na tambaye ki ba. Yana sa ki dariya?"

"Kullum."

"To."

Da na karɓi kofin na ji ya huce. Na duba matashi, rana ta sauka daga kansa ta koma jikin bango. Rediyo ya gama waƙar ya shiga wata. Abba kurɓi biyu yake yi ya fita, ni ga shi na zauna na baje kamar na zo hira. Numfashinta ma ya canja, yana fita da wani ɗan sauti.

Na miƙe zumbur. "Umma, bari in fita in rufe. Zan dawo, wallahi zan dawo."

Ta riƙe min wuyan hannu. Ban san inda ta samo ƙarfin ba.

"Zauna."

"Umma, lokaci yana..."

"Na sani, nawa ne ai. Zauna ki juya min baya, wannan kitson naki ko na mahaukaciya. Wa yake yi miki?"

Na zauna a ƙasa na jingina da gadon. Ta fara tsefe min gefe ɗaya a hankali, yatsunta suna hutawa suna ci gaba. Na ɗan motsa don in ga fuskarta, ta ja min kunne.

A haka muka ji ƙarar ƙofar gida, muka ji takun Abba a baranda, da farko a hankali, sannan da gudu. Ya tsaya a bakin ƙofa yana haki. Ba rini, ba shuɗin kaftani. Farin gemu, tsohuwar rigar zaman gida a ƙarƙashin babbar riga, da tabaron da bai taɓa bari ta gani ba. Bai kalle ni ba. Hasken da ke jikin bango ya kalla, ya ga inda ya kai, sai hannunsa ya tafi kan marfin ƙofar.

"Auta, fito." Muryarsa tana rawa. "Fito yanzu."

Na yunƙura, Umma ta danne min kafaɗa.

"Abbansu," ta ce, "ashe haka ka yi kyau da furfura, kake ɓoye min?"

"Don Allah ki sake ta. Saura kaɗan, kin ji, saura kaɗan ne ya rage mana."

"Ba zan sake ta ba, ban gama kitson ba. In za ka rufe ka rufe, amma da 'yarka za ka rufe, ka ƙara ta a kan abin da ka ajiye." Ta numfasa da ƙyar, ta matsa gefe ta buga katifa da tafin hannu. "In kuma ka gaji kamar yadda na gaji, ga wuri nan. Ka bar ƙofar ka zo ka zauna, a yi magariba da ni a gidan nan."

Abba ya dube ta, ya dube ni a ƙasa da rabin kai a tsefe. Hawaye yana bin farin gemunsa. Yatsun Umma suna cikin gashina, ina jin yadda suke rage sauri. Ƙofar ta yi ɗan ƙara a hannunsa, ta motso kamar faɗin tafin hannu, ta tsaya.

"Abba," na ce, "don Allah."

Ni kaina ban san wanne nake roƙo ba.